Telan Da Ba Ya Zubar Da Ƙyalle

Duk wanda ya tashi a garinmu Alamganj bayan yaƙi ya san shagon Ayenuddin tela, kusa da matakalar da jiragen ruwa ke tsayawa, kuma ya san ba a kai masa yadi mai launi. Gidan sauro yake ɗinkawa, da farar rigar zuwa masallaci, sai kuma likkafani. Idan baƙo ya shigo da kore ko ja, dattijon ba ya ɗaga kai daga keke, da bakin almakashi yake nuna masa ƙofa. Yara suna cewa taɓin hankali ne. Manya suna cewa girman kai ne, domin faɗin haka ya fi musu sauƙi a kan faɗin abin da suka sani.

A Kalkata ya koyi sana'a, a hannun wani maigida da yake yafe komai ban da zubar da ƙyalle. Wata rana, yana yaro, ya share wani yanki da bai fi faɗin yatsa ba zuwa cikin kwata. Maigidan ya sa shi ya tsamo shi, ya wanke, ya goge, sannan ya nuna masa inda zai zauna a bakin aljihu. Daga ranar Ayenuddin bai sake zubar da ko zare ba. Ƙarƙashin teburinsa kullum akwai buhu, kuma duk abin da almakashi ya rage can yake shiga, ya jira ranarsa: wani ya zama aljihu, wani cikon matashi, wani hular jariri.

Shekarar da aka raba ƙasar Indiya ya kwance kan kekensa, ya naɗe shi a bargo, ya ɗora a ka, matarsa Jobeda tana biye da shi da tsohon ciki. Bai taɓa yarda a ce ya gudo ba. Shi a wurinsa gida ya zo, ƙasar da aka yanka wa Musulmi, ɓangare ɗaya a nan gabas, ɗaya can yamma, Indiya a tsakani. Tutar Pakistan ta farko da aka ɗaga a Alamganj shi ya ɗinka ta, kuma jinjirin watan da ke jikinta da hannu ya yanka shi, ba alli, ba zane. Ya daɗe yana tuna wa mutane wannan. Ɗan da aka haifa masa a wannan damina, Mokbul, shi kaɗai ya rayu cikin 'ya'yansa.

Maƙwabcin shagonsa wani mai aski ne, mabiyin addinin Hindu, mai suna Horipodo, kuma shekara ashirin suka yi suna gardama ɗaya ta cikin bangon gora. Shi yana ce masa Ayen bhai, wato ɗan'uwa, Ayenuddin kuma yana kiransa Hori-da, wato yaya.

"Ayen bhai, tutarka dai ta yi kyau," in ji Horipodo yana wasa aska. "Amma ramar nan da mutane ke jiƙawa har ƙafafunsu su ruɓe, ina kuɗinta yake sauka? An ce can yamma an tayar da sabon birni daga tushe. Mu har yau gadarmu gora biyu ce."

"Yi askinka, Hori-da. Gida ɗaya ne. Yau babban wa ya ci, gobe a zo kanmu."

"Wannan wan naka ba ya ƙoshi ne? Ni tun ina da gashi yake ci."

Da aka ce harshen Urdu kaɗai ne harshen ƙasa, aka harbi ɗalibai a Dhaka saboda sun ce a bar musu na iyayensu, Ayenuddin ya ce kuskuren 'yan sanda ne. Da sojoji suka karɓi mulki, ya ce gyara suka zo yi. Yana jin Urdu tun zamansa na Kalkata, yana kuma alfahari da shi, har yakan yi wa Jobeda magana da shi idan yana so ya ba ta haushi.

Guguwar teku ta ƙarshen shekarar 1970 ce ta fara sa shi yin shiru. Kogi ya yi ta kawo gawawwaki daga tsibiran kudu, manya da yara da shanu a cakuɗe. Ya yanka duk farin yadin da ke shagon ya yi likkafani, ya koma kan gidajen sauro, daga baya aka riƙa binne mutane a rami ɗaya da abin da ruwa ya bar musu a jiki. Agajin baƙi daga ƙetare ya riga na gwamnati isowa. Da zaɓe ya zo bayan haka, Ayenuddin ya dangwala wa jam'iyya mai alamar kwalekwale kamar kowa, amma dalilinsa daban ne. Ya yi imani cewa tunda gabas ta fi yawa, ta kuma ci, za a miƙa mata mulki, ɗan Bengal ya shugabanci Pakistan duka, Horipodo ya rufe baki.

"Za su bayar?" in ji Horipodo.

"Musulmi ne. An ƙirga a gabansu."

Ba su bayar ba. A farkon Maris rediyo ya ce an ɗage zaman majalisa, bai faɗi zuwa yaushe ba. Kasuwa ta rufe, ɗalibai suka cika titi, Mokbul ya dawo daga kwalejin Barisal da murya a dishe. A lokacin ya riga ya ɗara ubansa tsawo da taƙi guda. Ayenuddin ya fi kowa sanin haka, domin shi yake auna shi duk Salla.

Wata Juma'a ya dawo daga masallaci ya tarar da ɗansa a kan kekensa. A kan tebur an shimfiɗa jan yadin da yake ajiyewa don rufin bargunan sanyi, an kifa farantin tagulla na Jobeda a kai, an bi gefensa da alli, an yanke da'ira bayan da'ira. Ana ɗora kowace a tsakiyar koren yadi, a liƙa mata taswirar gabas da rawaya. Tutar da ɗalibai suka ƙirƙira ce.

"Wa ya ba ka izinin taɓa almakashina?"

"Abba, garin nan keke nawa ne? Na Kasem tela ya lalace."

"Sauka. A kan keken nan na ɗinka tutar ƙasa."

"Wace ƙasar, Abba? Wadda ta ƙirga ƙuri'arka ta sa a aljihu?"

Ayenuddin ya ɗauki da'ira ɗaya ya ɗaga ta zuwa haske. Gefenta duk tsalle-tsalle ne, kamar ɓera ya gaigaya.

"Ga faranti a gabanka, ga alli, amma ka kasa bin layi. Ku ne za ku yanka ƙasa?"

Mokbul ya yi dariya, ya kwashi tutocinsa ya fita. Ya bar jan yadin a kan tebur, dogo, da manyan huji a jere.

Ƙarshen watan labarin Dhaka ya iso a bakin masu gudu. Sojoji sun fito da tankoki, sun shiga ɗakunan kwanan jami'a, sun ƙona unguwannin talakawa da na Hindu. Manyan sojan sun ɗauka cewa mutanen da ke cin shinkafa da kifi ba sa yaƙi, in an kashe 'yan dubbai sauran za su koma gona. Alamganj ta fara zubewa cikin ƙauyuka. Horipodo ya ɗaure askarsa da tabarmarsa ya leƙo shagon.

"Ayen bhai, ni na kama hanyar iyakar Indiya. Ka tura yaron nan wurin dangin uwarsa, cikin fadama, inda jirgi ba ya shiga."

"Kai kana da dalilin tsoro, Hori-da, ban hana ka ba. Mu kuwa me za mu gudar wa? Sojan ƙasarmu?"

"To Allahnka ya tsare ka daga ƙasarka."

Mokbul ma tafiya yake so ya yi. Abokansa sun riga sun wuce, wasu ƙauye, wasu ƙetaren iyaka neman bindiga. Jobeda ta haɗa masa ƙunshin busasshiyar shinkafa da gishiri. Ayenuddin ya tsaya a bakin ƙofa.

"Idan ka gudu ka sa hannu a kan laifinka. Wanda suka tarar a shagon ubansa, ƙarƙashin tutar ƙasa, yana aiki, ba abin da za su ce masa. Na san mutanen nan, ina jin harshensu."

"Baban Mokbul," in ji Jobeda, "ka bar shi ya tafi. Shi ke nan gare ni."

"Shi ke nan gare ni ni ma. Don haka nake so ya zauna inda idona yake."

Mokbul ya sauke kayan daga kafaɗa. Bai taɓa tsallake maganar ubansa a kan abu babba ba, ban da ranar Juma'ar nan, kuma wataƙila ita ce ta sa ya ajiye ƙunshin.

"Na zauna, Abba. Amma jan yadin nan, ka ƙone shi. Yau."

"Zan ƙone."

Ya ɗauke shi ya kai har bakin murhu. Jobeda ta ja tukunya gefe ta ba shi wuri. Ya tsaya yana murza shi tsakanin yatsu. Yadi ne mai kyau, bai taɓa ganin ruwa ba, kuma tsakanin huji da huji akwai kusurwoyi masu faɗi da za su ba da bakin matashi goma, har da saura. Hannunsa ya ƙi. Ya ce mata hayaƙin zai ja hankalin mutane, zai yayyanka shi ƙanana da safe. Ya ninke shi ya tura can ƙasan buhu, ya danne da ƙyallayen shekara guda. Da safe wani aiki ya taso, jibi ma haka.

Ƙarshen Afrilu jirgin ruwa na yaƙi ya shigo da hantsi. Ayenuddin ya sa farar riga da hula, ya ɗaga tsohuwar tutarsa a kan gora, ya zaunar da Mokbul a kan keke. Sojojin suka fara da shagon Horipodo, suka cinna masa wuta, zafin ya riƙa ratso bangon. Mai nuna musu hanya shi ne Sobhan Bepari, dillalin rama, wanda a watan Maris ya ba ɗalibai kuɗin shayi.

Ayenuddin ya tare su da sallama cikin Urdunsa mafi kyau. Wani soja ya dube shi daga sama har ƙasa.

"Musulmi ne kai? Karanta kalmar shahada."

Ya karanta.

"Ɗaga lungi."

Bai fahimta ba sai da aka nuna masa da bakin bindiga. Mutumin da ya ɗauko keke a ka daga Kalkata don ya zauna cikin Musulmi, ya tsaya a ƙofar shagonsa, gaban ɗansa, ya ɗaga zanensa don wani yaro daga Punjab ya tabbatar an yi masa kaciya. Mokbul ya kawar da kai. Shi ma aka duba shi.

Hafsan da ke tare da su saurayi ne mai tsabta, ya ga tutar ya ji daɗi. Ya ce ashe akwai mutanen kirki a cikin wannan laka. Ya tambaya ko za a iya gyara masa wando. Ayenuddin ya ce har da riga, Hujur, wato ranka ya daɗe. Zuciyarsa ta fara sauka. Ya saci kallon Mokbul, yana so yaron ya ga cewa maganar ubansa ta fito.

A lokacin ne wani soja da ruwan kogi ya jiƙa wa bindiga ya nemi tsumman gogewa. Ya hango buhu a ƙarƙashin tebur, ya sa hannu, ya ga duk ƙanana ne, sai ya kama gindin buhun ya zazzage shi a ƙasa. Jan yadin ya faɗo a sama, ya warware.

Hafsan ya ɗauke shi da hannu biyu ya ɗaga. Ya sa fuskarsa daidai huji ɗaya ya dubi Ayenuddin ta ciki, ya matsa zuwa na biyu ya sake dubansa. Ya ga irin tutar a Dhaka, ya san abin da ake cirewa daga jan yadi a bar rami kamar wannan.

"Wa ya yanka?"

"Ni ne, Hujur. Ni ne tela. Murfin tukwane aka ce in yi, na rantse..."

"Abba, bari." Mokbul ya tashi daga kan keke. Ya yi maganar da Bangla, harshen gida, ya bar Sobhan ya fassara. "Ka ce masa ya dubi watan da ke tutar can, ya dubi wannan. Mahaifina bai taɓa yanka karkatacce ba a rayuwarsa. Ni ne mai hannun ɓera."

Suka ɗaure masa hannu da tef ɗin awo na ubansa. Ayenuddin ya kama takalmin hafsan. Hafsan ya ce ya kwantar da hankali, tambayoyi kawai za a yi wa yaron a sansanin Barisal, in uban ya nuna shi ɗan ƙasa ne na gari za a duba lamarin. Aka tura Ayenuddin cikin shago aka ja ƙofa. Daga baya ya ji ƙarar bindiga daga wajen matakala, amma a ranar ko'ina harbi ake yi.

Haka ya zama telan sojoji. Damina ta sauka, ruwa ya rufe hanyoyi, yaran da suka ƙetare iyaka suka dawo da bindigogi cikin kwalekwale, sojojin da ba su iya iyo ba suka maƙale a sansanoninsu suna huce haushi a kan ƙauyukan da ke kusa. Duk ƙauyen da suka ƙona sai ya aika da samarinsa daji. Ayenuddin yana ganin haka a cikin kakin da ake kawo masa, yagaggu, wasu da jini. Ya ɗinke su duka, bai karɓi ko kwabo ba. Duk ƙunshin da ya kai sai ya tambayi labarin ɗansa. Aka canja hafsan, sabon ya ce bai san zancen ba, amma zai bincika. Sobhan Bepari, wanda yanzu shi ne shugaban kwamitin zaman lafiya, yakan dafa kafaɗarsa, yana ce masa Chacha, wato baffa.

"Chacha, na ji yana nan lafiya. Ka dai ci gaba da faranta musu. Ga wandona ma, ka ɗan rage ƙugun."

Jobeda ta daina tambaya tun watan farko. Ta daina cin abinci a farantin tagullar, ta kife shi a lungun ɗaki. Ba ta taɓa ce masa kai ka jawo ba. Da ta faɗa, da ya sami abin amsawa.

A watan Disamba sojojin Indiya suka shigo, wata safiya aka wayi gari sansanin babu kowa, rediyo ya ce rundunar gabas duka ta ajiye makamai a Dhaka. Ƙasar da aka ce Musulunci ya ɗinke ta ta rabu biyu. Ayenuddin ya shiga jirgin farko zuwa Barisal, ya bi ɗakunan da aka tsare mutane ɗaya bayan ɗaya. Da ya dawo, wani mai kwalekwale da ya daɗe yana kauce masa ya tare shi a matakala, ya nuna masa mataki na ƙarshe, wanda ruwa ke lasa.

"A nan ne, Chacha. Ranar da suka zo, kafin azahar. Su shida. Kogi ya tafi da su. Sobhan Bepari yana tsaye."

"Kun sani?"

"Kowa ya sani. Wa zai gaya maka, kana shiga wurinsu kullum?"

Ba a bar shi ya yi makoki ba. Samari masu bindiga a kafaɗa suka zo shagon, suka ce ga telan sojoji, ga wanda ya ɗaga tutarsu har ranar ƙarshe. Aka aske masa rabin kai, aka rataya masa tsofaffin takalma a wuya, aka zaga kasuwa da shi. Wasu cikinsu abokan Mokbul ne, kuma tutar da ke ɗaure a bindigoginsu daga jan yadinsa aka yanka ta. A gaban taron akwai Sobhan Bepari, wanda tun watan Nuwamba ya fara aika wa samarin da ke daji buhunan shinkafa, yana ɗaga hannu yana kirari da sunan sabuwar ƙasa. Ayenuddin ya dube shi. Abin da kawai ya lura da shi, wandon da ke jikin Sobhan ɗinkinsa ne.

Horipodo ya dawo daga sansanin 'yan gudun hijira ba mata, ba shago. Ya zaunar da abokinsa a kan akwati ya aske masa ragowar rabin kan.

"Ayen bhai, na zo da gardama cike da baki, na rasa inda zan ajiye ta."

"Faɗi, Hori-da. Kai ka ci."

"Me na ci? Sunkuya, kar in yanke ka."

Bayan 'yan watanni mutanen sabuwar hukuma suka zo da koren yadi da ja. Sun ce an cire taswirar daga tuta, yanzu da'ira ce kawai, kuma duk garin ba mai hannun da zai fitar da ita daidai sai shi. Sun ce an yafe abin da ya wuce, har za a sa sunan Mokbul a jikin dutsen shahidai. Ayenuddin ya dubi yadin, ya dubi buhun da ke ƙarƙashin tebur, ya ɗaga almakashi ya nuna musu ƙofa. Su ne na farko da aka nuna wa.

A makon ne ya sayo farin yadi mafi kyau a Barisal, ya yanka likkafani ba tare da ya auna kowa ba, domin awon yana kansa. Ya ninke shi ya sa a akwati da ganyen da ke korar asu. Shekaru da yawa, duk lokacin da aka ce kogi ya tono ƙasusuwa a wata gaɓa, sai ya rufe shago ya tafi da shi a hammata, ya dawo da shi yadda ya tafi. Jobeda ta rasu, ya yanka mata nata daban.

Da shi ma ya rasu, bayan shekara goma sha tara, masu wanka suka buɗe akwatin suka sami likkafani a shirye, suka ce dattijo ya yi wa kansa tanadi. Da suka shimfiɗa shi a kai, sai yadin ya wuce ƙafafunsa da taƙi guda. Wani ya miƙa hannu zai ɗauki almakashi. Horipodo, wanda ke tsaye a bakin ƙofa don ba a shigar da shi ciki ba, ya ɗaga murya.

"Kada ku yanke. Ba nasa ba ne, aro ya yi. Ku naɗe sauran."

Aka naɗe sauran a ƙarƙashin ƙafafunsa, aka ɗaure.